Sulhun da Ba Shi da Jiya

Daga cikin tatsuniyoyin da Amurkawa suka ƙaga, waɗanda a akwatin talabijin ake kallonsu maimakon a ji su a bakin tsohuwa bayan sallar lisha, akwai wata doguwa mai suna Star Trek, wadda Gene Roddenberry ya soma a 1966, kuma har yau magadansa ba su daina fitar mata da rassa ba. A reshen da aka kira Enterprise, wanda aka nuna daga 2001 zuwa 2005, an bi labarin wani jirgin sararin samaniya a shekarar 2151, da kyaftin ɗinsa Jonathan Archer, wanda wata rana ya gano cewa ɗaya daga cikin masu kawo masa abinci, wani Daniels, ashe ba ɗan zamaninsa ba ne, manzo ne daga ƙarni na 31, an aiko shi ya tsare tarihi daga masu neman karkatar da shi. Ta bakin wannan baƙo aka ji cewa bayan da aka gano hanyar komawa shekarun da suka shuɗe, sai al'ummomin taurari suka ƙulla wata mu'ahada, wadda ta haramta taɓa abin da ya riga ya wuce, ta halatta ziyararsa domin bincike kaɗai; kuma wasu ƙungiyoyi suka yi watsi da ita, har aka shiga yaƙin cacar baka wanda fagensa ƙarnoni ne. Wani daga ƙarni na 28 yana ba da umarni ga mayaƙan wata al'umma mai suna Suliban daga cikin inuwa, wani kuma mai suna Vosk ya koma 1944 ya haɗa kai da 'yan Nazi har aka ga tutarsu a birnin New York.

Ni dai na'urar komawa baya ba ta tsaya mini a rai ba, domin mai tatsuniya yana da izinin ya ɗora Gizo a kan gajimare ba wanda zai tambaye shi dalili. Abin da na daɗe ina juyawa shi ne mu'ahadar kanta, da ko kalmomin da ake rubuta irinta da su za su iya ɗaukar nauyin da aka aza musu, a duniyar da jiya ta zama abin da hannu ke iya kaiwa gare shi.

Duk wanda ya taɓa zama a zauren alƙali ana karanta takardar yarjejeniya, ta gona ce ko ta bashi, ya san cewa kafin a kai ga abin da aka amince a kansa akwai abubuwan da in babu su takardar tawada ce kawai: ranar da aka rubuta, da sunayen shaidu, da wa'adi. Fuƙaha'u sun tsananta a kan na ƙarshen, har suka ɓata cinikin da aka jingina biyansa ga ajalin da ba a sani ba, saboda abin da ke cikinsa na garari da buɗe ƙofar husuma. Bahaushe kuwa ya bar kalmar wa'adi tana aiki biyu ba tare da ya ga saɓani ba, yana nufin alkawarin da aka ɗauka, yana kuma nufin ranar da aka yanka masa, har in mutum ya rasu a ce wa'adinsa ya cika. Kamar ya fahimci tun farko cewa alkawarin da ba shi da rana ba alkawari ba ne, kuma ranar da za a iya ɗagawa ba rana ba ce. Waɗannan sharuɗɗa duka suna tsaye ne a kan abu guda wanda ba a rubuta shi saboda ba a taɓa tunanin yana bukatar rubutu ba, wato cewa abin da ya auku ya auku. Magana zarar bunu ce, in ji mutanenmu, kuma saboda ba ta komawa ne ake iya kama mutum da ita.

A dubi sulhun Hudaibiyya, wanda aka ƙulla a shekara ta 6 bayan Hijira bisa wa'adin shekara 10, aka bar wa ƙabilu zaɓi, Khuza'a suka shiga amanar Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, Banu Bakr suka shiga ta Ƙuraishawa. Ba a cika shekara biyu ba Banu Bakr suka auka wa Khuza'a da dare a bakin wani ruwa da ake kira Watir, da taimakon makamai da mazaje daga Ƙuraishawa; Amru ɗan Salim ya hau ya nufi Madina da kukan mutanensa, Abu Sufyan kuma, da ya hango abin da zai biyo baya, ya bi sawu yana neman a sabunta sulhun a ƙara masa wa'adi, ya zagaya manyan sahabbai ɗaya bayan ɗaya, ya koma Makka hannu rabbana. Abin da Abu Sufyan ya je nema, in an tuɓe masa ado, shi ne a yi kamar daren Watir bai auku ba, abin da ya hana shi samu kuwa shi ne waɗanda aka kashe suna nan a kashe, danginsu suna nan sun san sunayensu. Da yana da abin da Vosk yake da shi, da bai wahalar da raƙuminsa zuwa Madina ba. Da ya koma can baya ya gyara al'amari ta yadda ba za a sami mai kai ƙara ba, ko ma ba za a sami Khuza'a ba.

Nan ne mu'ahadar tatsuniyar ta bambanta da kowace mu'ahada da 'yan Adam suka taɓa rubutawa. Sauran duka, in an saɓa su, saɓawar tana barin gurbi, gawa ko toka ko iyakar da aka matsar. Wannan kuwa wanda ya saɓa ta rabi da rabi shi ake kamawa, wanda ya saɓa ta sarai ya shafe laifin da shaidun da alƙalin da takardar a tashi ɗaya, ya wayi gari a duniyar da shi ne mai gaskiya tun fil azal. Marubutan Enterprise sun taɓa wannan gaɓa sau ɗaya, a ƙarshen zangon farko da farkon na biyu a 2002, kuma a ganina ba su sake yin abin da ya kai shi ba. An umarci Daniels ya ɗauko Archer daga zamaninsa ya kawo shi ƙarni na 31 domin a tsare tarihi. Da suka duba ta taga sai suka tarar birnin da suke ciki ya zama kufai, domin ɗauke mutumin nan ɗaya ya hana kafuwar Tarayyar Duniyoyin da ta haifi Daniels da ofishinsa da na'urorinsa. Suka shiga wani ɗakin karatu da ya tsira, suka bi littattafan tarihi, ba su sami ambaton Tarayyar ba ko sau ɗaya. Mai gadin ne ya yi ɓarnar, da kyakkyawar niyya, bisa umarni. Kuma ba a ce an karya mu'ahadar ba, domin a wannan duniyar ba a taɓa ƙulla ta ba. Da Daniels zai tsaya gaban wani alƙali na wannan kufai ya yi da'awar cewa an zalunci al'ummar da ba ta taɓa wanzuwa ba, sai a nemi shaidunsa, tunda mai da'awa shi ke kawo hujja, in ya ce shaidunsa ba a haife su ba sai a nema masa magani. Malaman tauhidi da suka kasa hukuncin hankali uku, wajibi da mustahili da ja'izi, da sun ajiye labarin a kashi na biyu tun daga bakin ƙofa, don cewa abu ya auku kuma bai auku ba tara kishiyoyi biyu ne a wuri ɗaya. Masu shirin talabijin kuwa suna da shiri na mako mai zuwa, saboda haka suka ɗinke ɓarakar cikin gaggawa suka wuce.

Sai kuma togaciyar nan ta bincike, wadda ba sai an je ƙarni na 31 za a san makomarta ba. Bambancin mai bincike da mai ɓarna, alhali na'urarsu ɗaya, hanyarsu ɗaya, yana cikin niyya, niyya kuwa mazauninta zuciya, ba mai dubawar da ke iya leƙa ta. A shekarun 1950 Kanada ta ba Indiya tukunyar nukiliya mai suna CIRUS bisa sharaɗin a yi amfani da ita don lumana. Ranar 18 ga Mayu 1974 Indiya ta fasa bam a hamadar Rajastan da sinadarin da ya fito daga wannan tukunya, ta kuma sanar da duniya cewa fashewa ce ta lumana. Kalmar da aka sa don ta zama makulli ita ta zama mabuɗi. Amma ko a nan ƙasa ta girgiza, na'urorin auna girgizar ƙasa na wasu ƙasashe sun rubuta, Kanada ta janye taimakonta. Mai binciken da ya koma jiya ya dawo ba ya barin ko wannan.

Mai karatu zai iya cewa ai 'yan Adam sun taɓa zama a kan lokaci sun daidaita, kuma gaskiyarsa. A watan Oktoba 1884 wakilan ƙasashe 25 suka taru a Washinton don a tsai da layin da duniya za ta riƙa ƙirga sa'o'inta daga gare shi, 22 suka zaɓi Girinic ta Ingila, San Domingo ta ƙi, Faransa da Barazil suka ƙaurace wa ƙuri'a. Daga nan ne agogon GMT da masu sauraron rediyo suka saba ji ya sami sarautarsa. Faransa ta ci gaba da agogon Paris har 1911, da ta sallama kuwa ba ta yarda ta ambaci sunan kishiyarta a dokarta ba, sai ta rubuta cewa lokacin ƙasa shi ne lokacin Paris da aka jinkirta da minti 9 da daƙiƙa 21, wanda shi ne na Girinic ba ƙari ba ragi. Abin ya yiwu ne saboda ba wanda ya taɓa rana ko ya rage wa wani kwanansa. Suna kawai aka yi ciniki a kansa, kuma aka bar wa mai girman kai ya kira abin da sunan da ba zai ƙona masa baki ba.

Sai dai kada a raina suna. Mafi kusancin abin da tarihi ya sani da yaƙin masu taɓa zamani da suna kawai aka yi shi, kuma an zubar da jini a kansa.

Larabawan Jahiliyya, duk da cewa hari da ramuwar gayya su ne rabin tattalin arzikinsu, sun gāji wata yarjejeniya da ba a rubuce take ba amma kowa ya san ta, cewa wata huɗu a shekara ba a zare takobi: Zulƙida da Zulhajji da Muharram a jere, sai Rajab shi kaɗai a tsakiyar shekara. Malamai sun bayyana hikimar jerin, cewa na farko don tafiya aikin hajji ne, na biyu don aikin kansa, na uku don kowa ya koma gida cikin aminci. A inuwar waɗannan watanni ne kasuwar Ukaz take ci, mutum ya ga wanda ya kashe ubansa ya kau da kai. Amma wata uku a jere ba hari ya yi wa wasu tsawo, sai aka sami mafita wadda ba ta bukatar kowa ya zama mai saɓo. Akwai wani gida a cikin Banu Kinana da aka sallama wa al'amarin watanni. Ibn Ishaƙ ya ambaci na farkonsu da laƙabin Ƙalammas, na ƙarshensu kuma, wanda Musulunci ya riska, Abu Sumama Junada ɗan Aufu. In an gama hajji sai a taru wurinsa, ya miƙe ya shelanta cewa bana ya halatta Muharram ya ɗora alfarmarsa a kan Safar. Wannan shi ne nasi'u, jinkirtawa, daga tushe ɗaya da ribar nasi'a da ɗaliban fiƙihu suka sani, wato an ranci wata ne za a biya a gaba. Wasu masana, irin su Albiruni, sun fassara shi da ƙara wata na goma sha uku lokaci-lokaci domin hajji ya riƙa dacewa da kakar ciniki, kuma ba mamaki an yi duka biyun. Ko wanne ne, mutum ɗaya ke faɗin sunan watan da ake ciki, kuma yana da dangi da abokan gāba.

Abin lura shi ne ƙabilar nan ta Kinana ita ta fitar da Barrad, wanda ya kashe Urwa mai rakiyar ayarin Sarki Nu'uman na Hira a cikin wata mai alfarma, ya jawo yaƙi tsakanin Ƙuraishawa da Kinana a gefe ɗaya da Hawazin a ɗaya gefen. Larabawa suka raɗa wa wannan yaƙi suna Fijar, yaƙin fajirci, sunan ya bi shi har cikin littattafan sira, domin Barrad ya keta watan alhali watan yana nan da sunansa, kowa ya ga ketawar. Ƙalammas kuwa ya buɗe ƙofar kisa a Muharram shekara bayan shekara, ba a raɗa wa ko ɗaya daga cikin hare-haren suna ba, ana ma yi wa gidansa kirari da wannan iko. Adadin huɗu yana nan cif, ba wanda zai ƙirga ya ce an tauye. Wanda aka ci amanarsa shi ne mutumin da ya taso daga nesa ya lissafa kwanakin komawarsa a kan Muharram, aka tare shi a hanya a watan da jiya haramun ne yau halal, kuma magadansa ba su da kalmar da za su kai ƙara da ita. Rumawa ma sun ɗanɗana irin wannan, inda limamansu masu ikon saka watan ƙari suke tsawaita shekara in abokinsu ke kan mulki su gajarta ta in maƙiyi ne, har kalanda ta kauce wa yanayi da kusan wata uku, sai da Yuliyas Kaisar ya yi shekara mai kwana 445 a 46 kafin Miladiyya kafin ta koma daidai.

Ba na ganin haɗuwa ce ta banza cewa surar da ta soke nasi'u, wato Suratut Tauba, ita ce surar da ta buɗe da zancen mu'ahadodi, ta yanka wa wasu wa'adin wata huɗu, ta yi umarni a cika wa waɗanda ba su saɓa ba alkawarinsu har ƙarshen muddarsa. Wa'adin wata huɗu ba shi da ma'ana in akwai wani a Mina da zai iya cewa wane wata ne wane. Maganin da aka kawo kuwa bai bi hanyar marubutan Star Trek ba. Ba a tara ƙabilu an ce su yi alkawarin jinkirta wata don kyakkyawar manufa kaɗai ba, ba a kuma naɗa wa Ƙalammas mai duba shi ba. Kujerar aka ɗauke ɗungum. Aka ƙayyade watanni goma sha biyu, aka bar farkon kowanne ga jinjirin wata, wanda makiyayi da sarki suke gani a sama ɗaya, aka tabbatar da hakan a huɗubar Hajjin Ban Kwana a shekara ta 10. Har yau ana saɓani a kan ganin wata, mu ma nan mun san haka duk ƙarshen Sha'aban, amma saɓanin kwana ɗaya ne ko biyu, kuma tunda wata ba ya wuce kwana 30, sama da kanta take gyara kuskuren kafin ya yi nisa. Marubutan tatsuniyar sun iso wannan matsaya a makare: a reshen Discovery, a 2020, da labari ya kai ƙarni na 32, an ce bayan yaƙe-yaƙen zamunna an lalata na'urorin an haramta tafiyar baki ɗaya, ba togaciya. Sai dai su ba su da jinjirin wata, ba su da wani abu a wajen zamani da kowa zai ɗaga kai ya gani, haramcin nasu yana hannun masu gadi irin Daniels.

Kuma haramci irin wannan yana da tsada, ba daidai ba ne a ɓoye. Shekarar wata kwana 354 ce, tana gaza ta rana da kusan kwana 11, saboda haka azumi da hajji suke zagaya damina da rani su dawo inda suka tashi cikin kimanin shekara 33. Ibada ta ɗauki wannan, amma hatsi ba ya nuna da lissafin wata, shi ya sa manomin ƙasar Hausa yake azumi da wata yana shuka da taurari. A Iraƙi da Farisa ana buɗe karɓar haraji ne ranar Nairuz, sabuwar shekarar Farisawa, wadda ita ma ta yi ta zamewa tana gabatowa tun da aka daina yi mata gyaran da sarakunan Farisa suke yi, har ta kai ana neman haraji wurin manomi amfaninsa yana ɗanye a gona, sai ya ci bashi ya biya. Albiruni ya ba da labari cewa manyan manoma sun roƙi Khalid al-Ƙasri, gwamnan Iraƙi, ya jinkirta Nairuz da wata ɗaya, ya rubuta wa Halifa Hisham ɗan Abdulmalik, Hisham ya amsa cewa yana tsoron kada wannan ya shiga cikin nasi'un da aka haramta. A zamanin Haruna Rashid waziri Yahaya Barmaki ya yi niyyar gyarawa, maƙiyansa suka ce son Majusanci ne ya motsa shi, ya janye hannunsa. Nairuz ba watan alfarma ba ne, ba jinin kowa da ke rataye a kansa, ranar haraji ce ta wata kalandar dabam. Amma kalmar nasi'u ta riga ta yi kwarjinin da ba mai son a gan shi kusa da ita. Halifa Mutawakkil ya ɗauko gyaran, aka kashe shi kafin ya kafu. Sai a shekara ta 282 bayan Hijira, fiye da shekara 150 bayan wasiƙar Khalid, Halifa Mu'utadid ya mai da buɗe haraji ranar 11 ga Haziran, wato Yuni, ya ɗaure ta da kalandar Rumawa don kada ta sake zamewa.